Wa Ke Da Ikon Soke Zaɓen Kansila?

(Laccar da wani lauya ya yi wa wakilan 'yan takara da matasan unguwanni a Gwagwalada, Abuja, a lokacin da ake aiki da Dokar Zaɓe ta 2022. An rubuto ta daga abin da aka naɗa, an rage gaishe-gaishe.)

Iyayena da ke gaba, Allah ya ƙara girma. Matasa na baya ku matso, lasifikar nan ba ta kai wa can.

An ce in yi magana kan ko hukumar zaɓe za ta iya wayar gari ta ce ta soke zaɓen kansila. Da yawanmu mun ɗauka wuƙa da nama na hannunta. Wuƙar dai tana hannunta, amma doka ta nuna mata inda za ta yanka, ta kuma sa mata lokacin da za ta mayar da ita kube.

Mu nan Abuja hukumar zaɓe ta ƙasa, INEC, ce ke mana zaɓen ƙananan hukumominmu shida, AMAC, Bwari, Gwagwalada, Kuje, Kwali da Abaji, da kujerun kansila 62. Don haka da Dokar Zaɓe ta 2022 zan kafa hujja.

Kafin a faɗi sakamako, hukuma na da ƙofofi biyu. Sashe na 24 ya ba ta damar ɗage zaɓe in ana fargabar tashin hankali mai tsanani, ko ambaliya da makamantanta, da sharaɗin dalilin ya zama mai ƙarfi wanda za a iya tabbatarwa. Ku lura, ɗagewa aka ce, dole a sa wata rana. Ƙofa ta biyu sashe na 51 ne, maganar aringizo. A ce a rumfar firamaren unguwarku na'urar BVAS ta tantance mutum 300, aka zazzage akwati a kan tebur, ana ɗaga ƙuri'a ɗaya-ɗaya jama'a na ƙirgawa da baki, sai aka tashi da 340. Nan take jami'in rumfar zai soke sakamakon. Na wannan rumfar kaɗai. Ba a kama sauran rumfunan mazaɓar da laifin maƙwabciyarsu.

Amma da zarar baturen zaɓe ya miƙe ya ce wane ya ci, labari ya canza. A 2019, a zaɓen sanatan Imo ta Yamma, baturen zaɓe ya bayyana Rochas Okorocha, ya kuma ce tilasta masa aka yi. INEC ta riƙe takardar shaidar cin zaɓe. Babbar Kotun Tarayya a nan Abuja ta ce ta ba shi, domin dokar wancan lokaci ba ta ba ta ikon janye abin da aka riga aka sanar ba. Ni kaina hukuncin bai min daɗi ba, amma abin da ke rubuce ke nan. Daga baya sashe na 65 na dokar 2022 ya buɗe wata 'yar taga: cikin kwana 7 hukuma za ta iya sake duba sanarwar da aka yi bisa tilas ko aka saɓa wa doka. Kwana 7 fa, ba wata 7 ba. Kun kuma tuna Adamawa, 16 ga Afrilun 2023, da kwamishinan zaɓe Hudu Yunusa-Ari ya bayyana Aishatu Binani a matsayin wadda ta ci zaɓen gwamna ana tsaka da tattara sakamako. Can ma ba zaɓen aka soke ba, sanarwar ce, don wanda ya yi ta ba shi doka ta ɗora wa ba.

In ranakun nan sun wuce, sai kotun zaɓe.

Ba mu kaɗai ke da wannan tsari ba. A Indiya, gyaran tsarin mulki na 73 da ya fara aiki a 1993 ya shigar da majalisun ƙauyuka, da suke kira panchayat, cikin kundin ƙasa. Sashe na 243-O ya ce ba a ƙalubalantar zaɓensu sai ta ƙarar zaɓe. In an rushe majalisar ƙauye kuwa, sai an yi sabon zaɓe cikin wata shida.

Abin da ya fi damuna shi ne jihohi. Filato tana da ƙananan hukumomi 17, hukumar zaɓen jihar, PLASIEC, ke musu zaɓe, kuma kamar kowace jiha, gwamna ke naɗa mambobin hukumar, majalisar jiha ta amince. Wanda ya ba ka kujera, da wuya ka ce masa jam'iyyarsa ta faɗi a mazaɓar gidansu. Sashe na 7 na tsarin mulkin 1999 ya lamunce wa ƙananan hukumomi zaɓaɓɓun shugabanni, amma shekara da shekaru ana rushe su a naɗa kantomomi, har sai da Kotun Ƙoli ta ce ranar 11 ga Yulin 2024 hakan haramun ne. Hana zaɓe gaba ɗaya ai ya fi soke shi muni, sai dai ba ya tayar da ƙura.

Baba mai jar hula, na ga hannunka. Eh? Ya ce in an ce an soke nasu ta rediyo fa? To Baba, sanarwar rediyo ba hujja ba ce a gaban alƙali. Wakilinku kar ya bar rumfa sai ya sa hannu a takardar sakamako ya karɓi kwafinsa, ya ɗauki hoton wadda aka manna a bango. Ku nemi a ba ku dalilin sokewar a rubuce, da sashen da aka dogara da shi. Sannan ku fara lissafi, domin kwana 21 gare ku daga ranar bayyana sakamako ku shigar da ƙara. Na taɓa samun wani ɗan takarar kansila ya zo ofishina da takardunsa cikin baƙar leda, komai ya cika, amma ya tsaya jiran manyan jam'iyya su sasanta har wa'adin ya wuce. Shayi kawai na iya ba shi.

Akwai wata tambaya daga ɓangaren mata? Hajiya, bismilla, a miƙa mata makirufo.