Lacca: Antibodin da ke nuna mana furotin tau a ƙwaƙwalwa

Jama'a, barkanmu da warhaka. Antibodi uku zan kawo muku yau, wato furotin na garkuwar jiki masu gane abu takamaimai su manne masa. Na baya, kuna ji na? To madalla.

Tau dai ba abokin gaba ba ne. A 1975 aka gano shi a Jami'ar Princeton, ɗakin binciken Marc Kirschner. Aikinsa ya riƙe siraran bututun da ke cikin ƙwayar jijiya, kamar yadda igiya ke ɗaure karan jinka. Idan sinadarin fosfet ya yi masa yawa sai ya saki, ya dunƙule. Dunƙulen nan ne likita Alois Alzheimer ya bayyana a 1906, a cutar mantuwar da ake kira da sunansa, amma sai a shekarun 1980 aka tabbatar tau ne a ciki. Da me aka tabbatar? Da antibodi.

Na farko, AT8. Kai, ina son AT8! A Beljiyam aka samar da ita. Ba ta kama tau sai in akwai fosfet a gurbi na 202 da na 205. Gurbi biyu kacal, cikin furotin da mafi tsawonsa a ƙwaƙwalwa ke da amino asid 441, wato tubalan da aka jera aka gina shi. Ka yanko ƙwaƙwalwa siririya, ka ɗora a gilashi, ka zuba AT8, ka biyo da wata antibodi mai launi da ke kama ta. Ka leƙa madubin likita, ƙwayar da ta kamu ta yi ruwan ƙasa har cikin rassanta, maƙwabciyarta kuwa fes. Masu bincike Heiko Braak da matarsa Eva sun kasa cutar Alzheimer mataki shida a 1991 da rinin azurfa, a 2006 kuma aka sake tsara matakan da AT8, domin tana nuna ƙwayar tun kafin dunƙulen ya ƙulla. Tun kafin ya ƙulla fa! Amma ku kula, ku masu aiki da ɓera: ita ma daga ɓera ta fito, don haka antibodin jikin ɓeranka na iya ba ka layi kusa da inda tau ke fitowa a gwajin da ke jera furotin bisa nauyinsu, ka yi ta murnar banza. Ka gwada da ɓeran da aka cire wa tau tukuna. Mai hamma a can, wannan zai fito a jarrabawa.

Na biyu, PHF-1 ta Peter Davies, gurbi na 396 da 404. Sai RD3 da RD4, masu bambance cutar Pick da PSP, wasu cututtukan ƙwaƙwalwa biyu da tau ke dunƙulewa a cikinsu. Na huɗu ke nan ko? Lokaci ya ƙure.

(Wata ɗaliba: Malam, tunda tana kama tau, me ya hana a yi wa mara lafiya allurarta?)

Yawwa, 'yata, an gwada. Wasu antibodi masu kama tau, gosuranemab da semorinemab, an kai su gwaji a kan mutane, ba su tsayar da cutar ba. Farkon furotin suke kamawa, alhali sashen da ke dunƙulewa yana can ciki, kuma kaɗan ne ke tsallakawa daga jini zuwa ƙwaƙwalwa. Yanzu ana gwada masu kama tsakiya. Inda aka ci nasara shi ne awo: a 2025 hukumar FDA mai kula da abinci da magunguna ta Amurka ta amince da gwajin jini mai auna tau mai fosfet a gurbi na 217. Ki same ni bayan sallah, in nuna miki yadda ake yin sa.