Wai da gaske akwai gini a duniyar wata?

Jama'a ku kalli hoton nan da kyau. Kun ga wancan abun can nesa, mai kusurwa huɗu kamar ɗaki? A Disambar 2021 aka saki hoton, wata 'yar motar bincike ta ƙasar Sin mai suna Yutu-2 ce ta ɗauko shi a bayan wata, ɓangaren da ba ma iya hangowa daga nan duniya. Kafin ka ce kwabo intanet ta ɗauka, wasu suka ce bukkar baƙin halittu ce, wasu suka ce ai sansani ne da aka daɗe ana ɓoye mana.

To abun fa kamar mita 80 ne tsakaninsa da motar, ita kuma tafiyar hawainiya take yi, ga ramuka ko'ina ga shi da hasken rana take aiki, daren wata kuma sati biyu ne cur dole ta kwanta ta jira gari ya waye. Sai a Janairun 2022 ta matso kusa. Me aka tarar? Ɗan dutse ne a bakin rami, har masu sarrafa motar suka ce ya yi kama da zomo a tsugune. Nisa da inuwa da dishi-dishin hoto ne suka mayar da shi ɗaki. Abun da ke ci mun rai wallahi, hoton farko kowa ya tura, na biyun da ya warware zancen ba kowa ya waiwaye shi ba.

Sai masu cewa cikin wata holoƙo ne, wai ƙera shi aka yi. Asalin maganar daga Apollo 12 ne a 1969, wato ɗaya daga cikin tafiye-tafiyen 'yan sama jannatin Amurka zuwa wata, da suka jefa wani sashe na kumbonsu ya daki wata, na'urar auna girgiza ta yi kusan awa guda tana nuna motsi, masana suka ce kamar an buga ƙararrawa. Kwatance suka yi kawai. Duwatsun wata a bushe suke ƙamas kuma a farfashe, babu ruwan da zai shanye girgizar kamar yadda yake yi a nan, shi ya sa ta daɗe.

Kuma tun 2009 kumbon NASA, hukumar binciken sararin samaniya ta Amurka, mai suna LRO yake zagaya wata yana ɗaukan hoto. Ku duba wannan da ya ɗauko a inda Apollo 17 ya sauka a 1972, ga motar da suka bari a fake, ga sawun tayoyinta, har hanyar da suka taka da ƙafa ana gani.