Sawun Turawan Fotugal a Tukunyar Miyarmu

Jama'a masu sauraro, assalamu alaikum, barkanmu da war haka.

Da zarar an ambaci tasirin Turawa, hankalin Bahaushe yakan tafi kan Gwamna Lugga da dakarunsa da suka ci Kano da Sakkwato a 1903, ko Faransawan da suka shiga Damagaram, ko kuma karatun boko. To, yau baya za mu koma sosai, kuma daga madafi za mu fara. Uwargida, dubi kayan miyar da ke gabanki: tumatir, tattasai, attaruhu, barkono. Ga masarar tuwo, ga rogo, ga gyaɗar da ake matse mai a yi ƙuliƙuli, ga dankali, ga gwanda da abarba da gwaiba. Ko ɗaya daga cikinsu ba a san shi a kasuwar Kurmi ba a zamanin Sarkin Kano Muhammadu Rumfa. A wancan lokaci masoro da kimba da citta ne yajin miya, gero da dawa da wake da gurjiya ne cimaka. Duk waɗancan da na fara lissafawa 'yan asalin nahiyar Amurka ne, jiragen ruwan Turawa suka tsallako da su.

Ƙasar da ta buɗe wannan hanya ƙarama ce, Fotugal, wadda mutanenta a lokacin ba su fi miliyan ɗaya da 'yan kai ba. Abin da ya tunzura su shi ne zinariya. Labarin arzikin Mansa Musa na Mali ya daɗe da isa Turai, har an zana shi riƙe da curin zinariya a wata taswira ta 1375. A 1415 Fotugal ta ƙwace garin Sabta a gaɓar Maroko, inda ta ga ƙarshen hanyar ayarin raƙuma da idonta. Tun da ba ta iya ratsa hamada, sai ta shiga lallaɓawa ta teku, tana bin gaɓar Afirka sannu a hankali. A 1482 ta gina ganuwar Elmina a ƙasar da ake kira Ghana a yau, ginin yana nan tsaye har gobe. A 1498 Vasco da Gama ya sauka Indiya bayan ya zagaye kudancin Afirka, a 1500 kuma jiragen Cabral suka faɗa gaɓar Barazil. Maƙwabciyarta Sifaniya ta riga ta tura Kolombus a 1492, shekarar da Garnaɗa, daular Musulmi ta ƙarshe a Andalus, ta faɗi. Har ma ƙasashen biyu suka zauna a 1494 suka ja layi a kan teku, suka raba ƙasashen da ba nasu ba a tsakaninsu, ba tare da masu ƙasashen sun ko ji labari ba.

Daga nan iri ya shiga yawo a duniya. Rogo ya sauka yankin Kwango, masara ta bazu a gaɓar yamma. Wani irin kuma ta arewa ya iso mana, bayan ya ratsa Bahar Rum, shi ya sa masana harshe suke danganta sunan masara da ƙasar Masar. Yau babu ƙasar da ta kai Najeriya noman rogo a duniya, kuma dalar gyaɗar da Kano ta yi suna da ita, wadda ta ɗaukaka attajirai irin su Alhassan Ɗantata bayan isowar jirgin ƙasa, da tsiron Kudancin Amurka aka tara ta.

Sai dai masu sauraro, ba na son a ɗauki wannan a matsayin kyautar da Bature ya kawo mana. Masu wannan iri na asali, waɗanda suka shafe dubban shekaru suna gyara masara da rogo har suka zama abinci, su ne suka fi kowa asara. Agana da ƙyanda da Turawa suka shigo da su sun hallaka miliyoyinsu, takobi da aikin tilas a ramukan azurfa suka ƙarasa da yawa daga cikin waɗanda suka rage. Daular Aztek ta Meziko ta faɗi a 1521, ta Inka ta Peru ta bi bayanta da shekara goma sha biyu. Da hannun aiki ya yi ƙaranci a gonakin rake, sai aka juyo kan Afirka. Tun a 1444 aka yi gwanjon mutane fiye da ɗari biyu a garin Lagos na Fotugal. Kafin a rufe wannan ciniki, kimanin mutum miliyan 12 da rabi aka loda a jirage, kusan miliyan biyu ba su ga ɗaya gaɓar ba. Kuma sau da yawa da garin rogo da masarar nan ake ciyar da su a cikin jirgi. Gaskiya ɗaya ce, dole a faɗe ta: sarakuna da fatake na Afirka ne suka riƙa kamo mutanen suna kai su bakin teku. Bature ya zo da jirgi da bindiga da kasuwa, mu kuma a cikinmu aka samu dillalai.

Barazil ce ta kwashi kaso mafi tsoka, kusan mutum miliyan biyar, kuma ita ce ta ƙarshe a nahiyar Amurka da ta soke bauta, sai a 1888. A cikinsu akwai Hausawa, musamman waɗanda yaƙe-yaƙen da suka biyo bayan 1804 suka rutsa da su, aka gangara da su kudu aka sayar. A lardin Bahia ba su kwanta ba. A 1807 hukuma ta bankaɗo shirin tawayen bayi Hausawa a birnin Salvador, a 1814 kuma suka tashi da gaske. Sannan a watan Janairun 1835, cikin kwanakin ƙarshe na azumin Ramadan, ɗaruruwan bayi da 'yantattu Musulmi, galibi Yarabawa tare da wasu Hausawa, suka fito titunan Salvador sanye da fararen riguna, da layu a wuyansu. An murƙushe su kafin rana ta ɗaga. Takardun da aka samu a jikinsu, ɗauke da ayoyi da addu'o'i cikin rubutun Larabci, har yanzu suna ajiye a Bahia. Bayan haka an koro wasu, wasu suka biya kuɗin jirgi da kansu, suka dawo Legas da Wida ta Jamhuriyar Benin da Ankara ta Ghana, inda zuriyarsu take har yau.

Waɗanda suka rage can ma sun bar alamarsu. Mai ziyara a Salvador zai tarar da mata cikin fararen kaya a bakin titi, gabansu kasko, suna soya markaɗaɗɗen wake a manja. Suna kiransa acarajé, daga kalmar akara ta Yarabanci. Ƙosai ne, irin wanda ake saya da kunu da safe a Fagge ko Zangon Kumasi, sai dai su tsaga shi suke yi, su cusa masa jatan lande da yajin barkono.

Sai kuma wani jiƙon, a huta lafiya.