Tuwo ne ke kawo ƙiba, ko yawan abin da ake ci?

Assalamu alaikum, iyayena da 'yan'uwana. Tambayar da aka ɗora mini yau ita ce, shin abinci mai sitaci, irin su tuwo da shinkafa da burodi, shi ke haddasa ƙiba, ko kuwa jimillar kalori, wato ma'aunin ƙarfin da abinci ke ba jiki?

Masu zargin sitaci, cikinsu har da Farfesa David Ludwig na Jami'ar Harvard, hujjarsu ba ta raini ba ce. Suna cewa sitaci na komawa sukari a cikin jini, sukarin ya tayar da sinadarin insulin, shi kuma ya sa jiki ya taskance kitse, har yunwa ta dawo tun kafin lokacinta. Sai dai da aka gwada, labarin ya sha bamban. A shekarar 2018, Christopher Gardner na Jami'ar Stanford ya wallafa binciken da ya bi mutum 609 tsawon wata 12, inda waɗanda suka rage sitaci suka sauke kimanin kilo 6, waɗanda suka rage mai kuma kilo 5 da 'yan kai, ratar da ba ta taka kara ta karya ba. Saurin ramar da mai barin tuwo ke gani a makon farko kuwa, akasarinta ruwa ne, domin kowane giram na sitacin da jiki ya ajiye yana riƙe da kusan giram 3 na ruwa.

Ni a nawa nazarin, jimillar kalori ce ke yanke hukunci, amma irin abincin shi ke nuna yawan lomar da mutum zai yi kafin ya ƙoshi. Mu dubi gida. Kakanninmu a Wurno da Gwadabawa sun rayu a kan gero da dawa, fura da rana, tuwo da dare, duk sitaci ne, amma teɓa ba ta dame su ba, saboda hatsin bai rabu da dusarsa baki ɗaya ba, kuma wuni suke yi a gona ko a fadama. Yau ma'aikaci a cikin garin Sakkwato yana hawa kabu-kabu zuwa inda ƙafa za ta kai shi, ya karya kumallo da masar da ta sha mai, sannan ya kora da lemon kwalba saboda zafin rana. Giram ɗaya na mai kalori 9 gare shi, na sitaci kuwa 4 ne kacal, kuma kwalbar lemo ta rabin lita na iya ɗaukar sukari fiye da giram 50, alhali ba ta kashe yunwa yadda abinci ke yi. Abin da ke ci mini rai shi ne in ga magidanci ya ƙaurace wa tuwon dawa da miyar kuka, amma bai taɓa lissafa cokalin sukarin da ake zuba masa a shayi ba.

Mai ciwon sukari kam hukuncinsa daban ne, domin yawan sitacin da ya ci a zama ɗaya yana taɓa jininsa kai tsaye, don haka kada ya sauya cimarsa sai da shawarar likitansa.