Me Ya Hana Japan Juya Duniya Duk da Arzikinta?

(Lacca ce da aka gabatar a wani zauren taro a Samaru, Zariya. An rubuto ta daga muryar da aka naɗa, an kuma rage gaishe-gaishen farko.)

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Shugaban taro, iyayenmu malamai, 'yan'uwa ɗalibai, Allah ya saka da alheri da kuka baro harkokinku kuka zo.

Tambayar da aka ɗora mini ita ce: me ya sa ƙasa za ta yi arziki har ta gaji, amma ta kasa shiga sahun masu juya duniya? Da yawanmu mun ɗauka idan kuɗi ya zo, iko zai biyo shi da kansa. Ni ban yarda ba, kuma hujjata tana nan kusa. Ku je tashar Kwangila ku ƙirga motocin haya, ku ga nawa ne Toyota. Ku shiga Sabon Gari wajen masu janareto ku ji yadda ake yabon Honda da Yamaha. Ƙasar da ta cika mana tituna haka, yaushe rabon da ku ji ana cewa a jira a ji me Japan za ta ce kafin a yi yaƙi ko sulhu a wani wuri?

To, bari mu zauna a kan Japan ɗin, domin ita ce darasin.

A 1945 ƙasar nan toka ce, an jefa mata bam ɗin nukiliya a Hiroshima da Nagasaki. Zuwa 1968 ta wuce Jamus ta Yamma a girman tattalin arziki. A 1989 kamfanin Sony ya sayi Columbia, ɗaya daga manyan kamfanonin fim na Amurka, Mitsubishi kuma ya sayi mafi yawan hannun jarin rukunin gine-ginen Rockefeller a tsakiyar birnin New York. Zuwa 1995 arzikin da Japan ke samarwa a shekara ya kai kusan kashi 70 cikin 100 na abin da Amurka ke samarwa, alhali yawan jama'arta bai kai rabin na Amurka ba. A lokacin Amurkawa da kansu sun tsorata, ana ta rubuce-rubuce cewa ƙarni mai zuwa na Japan ne.

Yanzu ku saurari abin da ya faru a 1991. Saddam Hussein ya mamaye Kuwait tun a watan Agustan 1990, Amurka ta tara ƙasashe aka fitar da shi. Japan ba ta tura soja ba, domin sashe na 9 na kundin tsarin mulkinta na 1947, wanda aka rubuta a ƙarƙashin mamayar Amurka, ya haramta mata yaƙi. Sai ta buɗe jaka ta ba da dala biliyan 13, har da ƙara wa mutanenta haraji don ta haɗa kuɗin. Da aka gama yaƙi, gwamnatin Kuwait ta sayi shafi a jaridar Amurka ta jera sunayen ƙasashen da take gode wa, kusan talatin. Jama'a, babu sunan Japan a ciki. Dala biliyan 13, ko "an gode" ba ta samu ba. Abin ya yi wa 'yan siyasar Japan zafi ƙwarai, har a shekarar da ta biyo baya suka yi dokar da ta ba su damar tura soja aikin kiyaye zaman lafiya na Majalisar Ɗinkin Duniya. Sun gane cewa a wajen rabon girma, wanda ya aika ɗansa fagen fama da wanda ya aika kuɗi ba a tabarma ɗaya suke zama ba.

Wannan a fagen yaƙi ke nan. A kasuwar ma, inda take da ƙarfi, ba ita ke yanke hukunci ba. A 1981 Amurka ta matsa mata har ta amince ta taƙaita motocin da take kai wa can zuwa miliyan 1.68 a shekara. A watan Satumban 1985 aka tara ministocin kuɗi na ƙasashe biyar a otal ɗin Plaza a New York, aka amince a karya darajar dala. Kafin taron ana canza dala ɗaya a kan yen kusan 240. Cikin shekara biyu da 'yan watanni ta koma kusan 120. Kun ga kayan Japan sun ninka tsada a waje ke nan. Don a rage raɗaɗin, babban bankin ƙasar ya sauke kuɗin ruwa ƙasa sosai, bashi ya yi araha, mutane suka afka sayen filaye da hannun jari, farashi ya kumbura. A ƙarshen Disambar 1989 ma'aunin kasuwar hannun jarin Tokyo ya kai maki 38,915, daga nan ya rikito. Bai sake kaiwa wannan matsayi ba sai a Fabrairun 2024. Shekara talatin da huɗu. Yaron da aka haifa a ranar ya yi aure ya haifi nasa kafin kasuwar ta dawo inda take.

Ba na ɗora wa Amurka laifin faɗuwar gaba ɗaya. Bankunan Japan da hukumominta sun yi nasu sakacin, sun daɗe suna ɓoye rubabben bashi. Abin da nake so ku riƙe shi ne dalilin da ya sa Japan ba ta iya cewa a'a ba. Sojojin Amurka sama da dubu 50 ne a ƙasarta, mafi yawansu a tsibirin Okinawa. Ba ta da makamin nukiliya, a maƙwabta kuma ga Rasha, ga Sin. Kusan duk man da take ƙonawa daga waje yake zuwa, mafi yawansa daga Gabas ta Tsakiya, ta tekun da jiragen yaƙin Amurka ke gadi. Abincin da take nomawa bai kai kashi 40 cikin 100 na abin da mutanenta ke ci ba. Ta kuma taɓa ɗanɗana abin da rufe famfo ke nufi: a 1941 Amurka ta hana ta mai, ta kai harin Pearl Harbor, kun san yadda aka ƙare. Hausawa suka ce kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Wanda yake gadin ƙofarka da hanyar abincinka, idan ya ce ka rage ciniki, ragewa za ka yi. Ko a 1997, da rikicin kuɗi ya kama ƙasashen Asiya, Japan ta kawo shawarar kafa asusun lamuni na Asiya da kuɗinta a gaba. Amurka ta ce ba ta yarda ba, maganar ta mutu.

Mu 'yan Zazzau bai kamata wannan ya zame mana baƙon abu ba. A ƙarni na 19 babu garin da ya kai Kano arziki a duk daular Usmaniyya: rini, saƙa, jima, fatake har Tarabulus. Amma tuta daga Sakkwato ta fito, can ake tabbatar da sarki, can Kano da Zazzau ke aika gaisuwa. Kasuwa tana Kurmi, hukunci yana wani wuri.

Jamus ba zan daɗe a kanta ba, domin ciwon iri ɗaya ne. Ita ce ta uku a duniya yanzu a girman tattalin arziki, ta wuce Japan a 2023. Amma sharaɗin da aka gindaya mata kafin haɗewarta a 1990 ya haɗa da barin makamin nukiliya da taƙaita sojojinta zuwa 370,000. Masana'antunta kuma sun ginu a kan iskar gas mai araha daga Rasha, wadda kafin 2022 take ba ta sama da rabin abin da take shigowa da shi. Da yaƙin Ukraine ya ɓarke, shugaban gwamnati na lokacin, Olaf Scholz, ya ware yuro biliyan 100 don gyara soja cikin gaggawa. Kuɗin yana nan, amma ba a gina rundunar yaƙi cikin shekara ɗaya.

Akwai kuma maganar niyya, wadda ba a cika kawowa ba. Amurka ta wuce Birtaniya a girman tattalin arziki tun kafin ƙarshen ƙarni na 19, amma ta ƙi ɗaukar kayan. Bayan yaƙin duniya na farko majalisar dattawanta ta ƙi amincewa ƙasar ta shiga ƙungiyar ƙasashen duniya ta wancan lokaci, wadda shugabanta Woodrow Wilson ne ya yi ta fafutukar kafawa. A 1939 sojojinta na ƙasa ba su kai 200,000 ba. Sai da yaƙi na biyu ya tilasta ta. Juya duniya yana da tsada: gawarwakin 'ya'yanka za su riƙa dawowa daga ƙasashen da iyayensu ba su taɓa jin sunansu ba, kuɗin asibiti da makaranta zai tafi sansanin soja. Yau Amurka tana kashe sama da dala biliyan 800 a shekara kan tsaro, tana da manyan jiragen ruwa masu dakon jiragen yaƙi guda 11. Talakan Japan da na Jamus, da suka ga abin da neman daula ya jawo wa kakanninsu, sun zaɓi zaman lafiya da fansho mai kyau. Ni ban ga aibinsu ba. Ga shi ma jama'ar Japan raguwa take yi tun wajen 2008, tsofaffi sun yi yawa, matasan da za su ɗauki bindiga sun yi kaɗan.

Sai maganar dala. Tun taron Bretton Woods na 1944 aka ɗaure harkar kuɗin duniya a jikinta, har yau kusan kashi 58 cikin 100 na ajiyar kuɗin waje na manyan bankunan ƙasashe dala ce. Ɗan kasuwar Kantin Kwari da zai sayo yadi a birnin Guangzhou na Sin, dala yake nema. Wannan ya ba Amurka bulalar da ba ta buƙatar harsashi. A 2014 ta ci bankin BNP Paribas na Faransa tarar kusan dala biliyan 9 saboda ya yi hulɗa da Sudan da Iran da Cuba. Bankin Faransa ne, amma tunda dalar ta ratsa New York, dokar Amurka ta hau kansa, ya kuma biya. A 2022 ita da ƙawayenta suka daskarar da kusan dala biliyan 300 na ajiyar Rasha. Ko Birtaniya ta sha wannan bulala: a 1956 ita da Faransa da Isra'ila suka afka wa Masar saboda mashigin Suez, shugaban Amurka Eisenhower ya hana Birtaniya agajin kuɗi a lokacin da fam ke tangal-tangal, cikin kwanaki ta tsaida wuta, Firaminista Eden ya sauka a farkon 1957.

Ƙofar kuma a kulle take daga ciki. Kujerun dindindin biyar na Kwamitin Sulhu na Majalisar Ɗinkin Duniya an raba su ne a 1945 tsakanin waɗanda suka ci yaƙi, kuma ba a gyara tsarin sai dukansu biyar sun amince. A 2005 Japan da Jamus da Indiya da Brazil suka haɗa kai neman kujera, mu ma a Afirka muka nemi biyu. Aka yi zanga-zanga a biranen Sin kan ta'asar da sojojin Japan suka yi musu a shekarun yaƙi, maganar ta watse. Maƙwabcin da bai yafe maka ba, ba zai ɗaga maka hannu ba.

Na san abin da ke ranku shi ne Sin. Ita daban ce, domin ba wanda ke gadinta, tana da nukiliyarta, tana da kujerarta, ita ta shimfiɗa mana dogon Abuja zuwa Kaduna da aka buɗe a 2016. A ganina ita kaɗai ce mai yiwuwar kaiwa. Amma tana da iyaka da ƙasashe 14, wasunsu kamar Indiya da Vietnam ta taɓa gwabzawa da su. Mafi yawan man da take saye ta mashigin Malacca yake bi. Jama'arta sun fara raguwa a 2022. Kuɗinta yuan bai wuce kusan kashi 2 cikin 100 na ajiyar duniya ba, domin gwamnati ba ta barin kuɗi ya fita yadda mai shi ya ga dama, kuma ba mai ajiya a rumbun da ba zai iya ɗiba ranar da yake so ba. Ƙasa ɗaya tak take da yarjejeniyar tsaro da ita, Koriya ta Arewa, alhali Amurka tana da ƙawancen NATO mai ƙasashe 32, ga Japan, ga Koriya ta Kudu, ga Ostiraliya.

(A nan wani ɗalibi ya yi tambaya: Malam, to mu Najeriya da ake kira giwar Afirka, ina matsayinmu?)

Madalla da tambayarka, ɗan'uwa. Mun taɓa yin magana aka ji. A 1975 gwamnatin Murtala ta amince da gwamnatin ƙungiyar MPLA a Angola duk da matsin Amurka. A 1979 gwamnatin Obasanjo ta ƙwace kadarorin BP, kamfanin mai na Birtaniya, ana tsakiyar rikicin Rhodesia (Zimbabwe ta yau). A 1990 sojojinmu suka shiga Laberiya a ƙarƙashin ECOMOG, rundunar kiyaye zaman lafiya ta ECOWAS, daga baya Saliyo, da kuɗinmu da jininmu. A 2014 aka sake lissafi aka ce arzikinmu ya kai dala biliyan 510, mun fi kowa a Afirka. Amma ka dubi 2023. Sojoji suka kifar da Bazoum a Nijar, ECOWAS ta ba su mako ɗaya, muka rufe iyaka, muka yanke musu wutar lantarki. Arzikinmu ya ninka nasu sau da yawa, duk da haka ba su janye ba. Majalisar dattawanmu ta ƙi goyon bayan yaƙi, sarakuna da malamai suka ce ba za a yaƙi 'yan'uwa ba, domin mutumin Jibiya da na Maraɗi dangi ne, na Illela da na Ƙonni kasuwa ɗaya suke ci. Sojojin da za a tura kuwa suna fama a Zamfara da Borno da Birnin Gwari. Takunkumin ya cutar da 'yan kasuwarmu na kan iyaka kamar yadda ya cutar da nasu, aka ɗage shi a Fabrairun 2024. A Janairun 2025 Nijar da Mali da Burkina Faso suka kammala ficewa daga ECOWAS, kuma har yanzu da su muke buƙatar haɗa kai kafin mu iya tsare dazukan da 'yan bindiga ke ratsawa.