Amsoshin Tambayoyinku: Sentipetarfa, ƙauyen Kuroshiyawa a bakin iyaka

Mai gabatarwa: Assalamu alaikum masu sauraro, barkanmu da warhaka. Tun da muka ambaci ƙauyen Sentipetarfa a makon jiya wasiƙu ke ta shigowa, lokaci kuwa ba ya jira. Malamin tarihinmu yana tare da ni. Malam, barka da zuwa.

Malam: Yawwa, barka kadai.

Mai gabatarwa: Wani mai sauraro daga Gusau yana tambaya, wai ƙauyen a Kuroshiya yake, ƙasar su Luka Modric? Haba ɗan'uwa, da alama hankalinka na wajen ƙwallo ranar. A yammacin Hangari yake, Ostiriya ta kewaye shi ta ɓangare uku. Mutanensa kamar dubu ne, kuma a bakinsu sunansa Petrobo Selo, wato ƙauyen Bitrus. Wata baiwar Allah daga Kumasi kuma ta ce wane addini suke bi? Kiristoci ne, 'yan Katolika.

To ga wadda ta fi yawa. Daga Illela, daga Birnin Ƙonni, daga Jibiya da Maradi, kusan magana ɗaya ce: me ya kai Kuroshiyawa can, kuma yaya aka yi dangi ɗaya suka rabu ƙasa biyu? Na san abin da ya sa ta taɓa ku. Malam, bisimilla.

Malam: To, sai mun koma shekarar 1526, lokacin da rundunar Daular Usmaniyya ta murƙushe sojojin Hangari a Mohach, wani gari a kudancin ƙasar.

Mai gabatarwa: Ta Turkiyya fa, jama'a, ba tamu ta Sakkwato ba.

Malam: Ta Turkiyya, zamanin Sarki Sulaiman. A 1529 ya yi wa Biyana, babban birnin Ostiriya, ƙawanya, a 1532 ya sake dawowa ya tsaya a Koseg, wani gari a yammacin Hangari. Kai, wannan yaƙi na Koseg abin ji ne. Ƙaramin gari, mutane 'yan ɗaruruwa, shugabansu Nikola Jurishich, shi kansa Bakuroshe ne, suka tsare babbar runduna makonni, har yau ana buga ƙararrawar coci a garin da ƙarfe sha ɗaya don tunawa da...

Mai gabatarwa: Malam, a yi mana afuwa, agogo na kallonmu. Ƙaurar fa?

Malam: Af, haka ne. Yaƙe-yaƙen sun bar ƙauyukan yankin kango, babu masu noma. Manyan gidajen sarauta irin su Erdodi da Batyani suna da filaye a nan, suna da su a Kuroshiya inda yaƙi ke cin mutane. Sai suka kwaso manomansu suka zaunar da su a nan. Kusan shekara 500 ke nan.

Mai gabatarwa: Ku riƙe wannan: gudun yaƙi ya kawo su, masu ƙasa kuma suna neman hannun noma. Sai batun rabuwa.

Malam: A da duk yankin na Hangari ne. Bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya, yarjejeniyar Tiriyanon ta 1920 ta yanke shi, a 1921 ya koma hannun Ostiriya, shi ne jihar Burgenland ta yau. Sentipetarfa ma ya faɗa ciki. Mutanen ƙauyen suka ƙi, suka yi ta kai kuka, har a 1923 aka mayar da su Hangari ta hanyar musayar ƙauyuka. Shi ya sa ake masa laƙabi da ƙauye mafi aminci. Yawancin 'yan'uwansu kuwa suka zauna a Ostiriya.

Mai gabatarwa: Bari in maimaita, don wasu sun rikice a wasiƙunsu. Ba su tashi daga inda suke ba. Iyakar ce ta tsallake su a 1921, ta sake tsallakowa a 1923. Gida ɗaya, gona ɗaya, ƙasa ta canza sau biyu.

Malam: Wahalar sai bayan Yaƙi na Biyu. Daga 1949 gwamnatin kwaminis ta ja waya mai ƙaya ta binne nakiyoyi a iyakar. Ka tuna ɓangare uku na ƙauyen iyaka ne, sai ya zama kamar an ɗaure bakin buhu. Ko ɗan Hangari ne ke son shiga yankin sai da takardar izini. Mutum yana hango hasumiyar cocin ƙauyen da ƙanwarsa ke aure, amma ba halin zuwa biki ko jana'iza. A 1989 aka fara kwance wayar, a Disambar 2007 kuma aka daina binciken fasfo, da Hangari ta shiga tsarin Shengen, wato na buɗe iyakoki tsakanin ƙasashen Turai. Yanzu da yawa da safe suke tsallakawa aiki Ostiriya, da yamma su dawo.

Mai gabatarwa: Ni dai a nawa ganin, wannan shekara arba'in ita ce abin tausayi a labarin. Mutanen Illela da Ƙonni, kun ɗanɗana rufe iyaka a 2019 da 2023, kun ga yadda kasuwa da zumunci suka tsaya cak. To ku auna a ce yaro ya girma har ya yi furfura a haka.

Saura minti biyu. Wani ɗalibi daga Zariya: harshen nasu yana raye? Yana raye, ana ji a coci, ana koyarwa a makaranta, sai dai tsohon salo ne da ya sha bamban da na Zagreb, babban birnin Kuroshiya, kuma samari sun fi sakewa da Hangariyanci. Mai tambaya kan kiɗansu daga Damagaram, tamburitsa suke kaɗawa, 'yar molo ce mai tsirkiyar ƙarfe, a ƙungiya ake buga ta. Kai kuma na Kaduna da ka aiko tambaya bakwai a takarda ɗaya, ka ji tausayinmu mana, ɗaya za mu ɗauka: e, an yi ƙaura zuwa Amurka, da yawa sun tafi aikin masana'antun siminti a jihar Pensilbaniya.

Malam, mun gode ƙwarai. Sauran wasiƙun sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu. A huta lafiya.