Jawabin Maraba ga Babbar Baƙuwa a Zaman Tunawa da Toni Morrison

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Shugaban taro, iyayenmu malamai, ɗalibai da sauran jama'ar da suka amsa gayyata, barkanku da zuwa. Ranki ya daɗe Farfesa, babbar baƙuwarmu, a madadin malamai da ɗaliban wannan sashe na nazarin adabi ina yi miki lale marhabin da sannu da hanya, domin tasowa daga Amurka takanas don a yi mana bayani kan marigayiya Toni Morrison ba ƙaramin karamci ba ne.

Akasarin mutane sun san ta ne da lambar Nobel ta adabi da aka ba ta a 1993, wadda babu wata mace baƙar fata da ta riga ta samu. Mu kuwa da alli ne sana'armu, tamu muke ɗaukarta, domin tun kafin a san ta da alƙalami tana tsaye gaban aji. An haife ta a garin Lorain na jihar Ohayo a 1931, ainihin sunanta Chloe Wofford. Ta yi digirin farko a Jami'ar Howard a 1953 da na biyu a Cornell a 1955, ta fara koyarwa a Texas Southern, sannan ta koma Howard a matsayin malama.

Bayan mutuwar aurenta a 1964, ga 'ya'ya maza biyu a hannunta, sai ta kama aikin tace littattafai a kamfanin Random House, ta riƙa tashi tun da asuba tana rubutu kafin yaran su farka. Da haka littafinta na farko, The Bluest Eye, ya fito a 1970, tana da shekara 39. A ganina ba a cika ba aikin tacewar nan haƙƙinsa ba, alhali a kansa ne ta taimaka aka fitar da wani kundin adabin Afirka a 1972 mai ɗauke da rubutun Chinua Achebe da Wole Soyinka. A bakin wannan aiki kuma ta ci karo da tsohon labarin jarida kan Margaret Garner, baiwar da ta tsere daga Kentucky a 1856, wadda da masu farautar bayi suka ritsa ta, ta gwammace ta kashe 'yarta da hannunta da a mayar da yarinyar cikin bauta. Wannan labari ne tushen littafinta Beloved na 1987, wanda ya ci lambar yabo ta Pulitzer ta Amurka a shekarar da ta biyo.

Duk da ɗaukakar da ta samu ba ta bar aji ba, ta koyar a Jami'ar Princeton daga 1989 har ta yi ritaya a 2006, ta rasu ranar 5 ga Agusta 2019 tana da shekara 88.

Ranki ya daɗe, duk shekarar da muka karanta Beloved sai gardama ta kaure tsakanin ɗalibanmu kan uwar nan, wasu su tsine mata, wasu su zubar mata da hawaye, mu malamai kuma har yau mun kasa raba su. Ga su nan gabanki da tambayoyinsu. Bismillah, muna sauraro.